BABI NA HUƊU: TSAWON ZANGON 'YAR WASA: NAZARI A KAN SARATU GIƊAƊO (DASO) DA JUDI DENCH

4.0 Shimfiɗa

A babin da ya gabata an bi diddigin yadda wasan kwaikwayon Hausa ya taso daga dandali, ya shiga rediyo da talabijin, har ya kai ga fim ɗin bidiyo. A wannan babi kuwa za a tsaya ne a kan tambaya guda, wato me ke sa wata 'yar wasa ta daɗe ana damawa da ita, alhali takwarorinta suna ɓacewa bayan 'yan shekaru kaɗan? Domin amsa wannan tambaya an zaɓi marigayiya Saratu Giɗaɗo, wadda aka fi sani da Daso, saboda ta yi shekara 24 tana fitowa a finafinan Hausa. An kuma jingina ta da Judi Dench, 'yar wasan ƙasar Ingila wadda ta haura shekara 60 a wannan sana'a. Dalilin kawo Baturiyar biyu ne. Na farko, tsawon zangonta ya isa a ga duk matakan da mace ke bi a fagen wasa, daga ƙuruciya zuwa tsufa. Na biyu, ba baƙuwa ba ce ga ƙasar nan, domin ta taɓa hawa dandamali a Nijeriya a shekarar 1963.

4.1 Matsayin Mace a Fagen Wasan Hausa

Idan aka dubi rubutattun wasannin Hausa za a tarar mace ta daɗe a tsakiyar labari. A Jatau Na Kyallu na Shu'aibu Maƙarfi, mace ce sanadin karyewar attajiri. A Uwar Gulma na Mohammed Sada, wahalar Halima a gidan Hayatu ita ce ƙashin bayan wasan. Haka kuma sunan Bora da Mowa na Umaru Balarabe Ahmed kaɗai ya isa ya nuna cewa zaman kishi ne jigonsa. Sai dai samun mace a takarda daban, samun wadda za ta tsaya gaban jama'a ta kwaikwaye ta daban. A makarantun maza, ɗalibi ne kan ɗaura zane da ɗankwali ya fito a matsayin matar gida. Wannan ba abin mamaki ba ne, domin ko a Ingila ta zamanin Shakespeare yara maza ne ke fitowa a matsayin mata, sai a shekarar 1660 aka fara ganin mata a dandamalin Landan.

Gidajen talabijin na Kaduna da Kano da Sakkwato su ne suka fara buɗe wa matan Hausawa ƙofa sosai. Daga baya sai fim ɗin bidiyo ya zo, tun daga Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa a shekarar 1990. Bayan fitowar Sangaya a 1999, salon rawa da waƙa irin na finafinan Indiya ya kafu, kamar yadda Abdalla Uba Adamu ya yi nazari mai yawa a kai. Wannan salo ya fi buƙatar budurwa kyakkyawa wadda samari biyu za su yi takara a kanta, ko 'yan mata biyu masu takarar saurayi guda. Saboda haka sai kasuwar 'yar wasa ta rataya a kan ƙuruciyarta. Da zarar ta yi aure sai ta bar fim, in kuma auren ya mutu ta dawo, sau da yawa takan tarar wata ta maye gurbinta.

Ke nan ƙofa biyu ce mace ke shiga ta cikinta a fim ɗin Hausa, ƙofar budurwa da ƙofar uwa. Ta farko tana kawo suna da wuri, amma ba ta daɗewa a buɗe. Ta biyu ba ta da armashi a idon matasa, amma masu bin ta su ne ke daɗewa. A wannan sahu ake samun irin su Amina Garba, wadda ta rasu a 2010, da A'isha Ɗankano, wadda ta rasu a 2016, da Zainab Booth, wadda ta rasu a 2021, da kuma Hajara Usman. Daso ma ta wannan ƙofa ta shigo, sai dai ta zo da salon da ya bambanta ta da sauran.

4.2 Judi Dench: Daga Dandamali Zuwa Majigi

An haifi Judi Dench a birnin York a ranar 9 ga Disamba, 1934. Ta yi karatun wasa a makarantar koyon furuci da wasan kwaikwayo ta Central da ke Landan, inda ake horar da ɗalibi yadda zai sarrafa numfashi da murya, da yadda zai furta baitocin Shakespeare har na kujerar ƙarshe ya ji. A 1957 ta shiga ƙungiyar Old Vic, ta fara da fitowa a matsayin Ophelia a wasan Hamlet. Masu sharhi na jaridu ba su yaba mata ba a wannan fitowa. Duk da haka ƙungiyar ta ci gaba da riƙe ta har shekara huɗu, tana ba ta ƙananan matsayi da manya, har ta fito a matsayin Juliet a 1960. Wannan batu yana da muhimmanci ga nazarin nan, domin ya nuna cewa akwai wurin da sabuwar 'yar wasa za ta yi tuntuɓe ba tare da an yar da ita ba.

A farkon 1963 ta biyo ƙungiyar wasa ta Nottingham zuwa Afirka ta Yamma, har da Nijeriya, a ƙarƙashin hukumar British Council, inda ta fito a matsayin matar Macbeth. Wasu daga cikin wasannin da ta yi daga baya ba baƙi ba ne ga ɗalibin Hausa. A 1969 ta fito a matsayin Viola a wasan da Ibrahim Yaro Yahaya ya fassara da sunan Daren Sha Biyu, a 1971 kuma ta fito a matsayin Portia a wanda aka fassara da sunan Matsolon Attajiri.

Fitowar da manazarta suka fi ambata ita ce ta 1976, lokacin da ta sake ɗaukar matsayin matar Macbeth tare da Ian McKellen, a ƙarƙashin umarnin Trevor Nunn, a wani ɗan ƙaramin ɗakin wasa a garin Stratford. An nuna wasan a talabijin a 1979, don haka har yanzu ana iya nazarinsa. Babu fada, babu kayan sarauta. Da'ira ce kawai aka zana a ƙasa, 'yan wasa suka zauna kewaye da ita, ita kuma tana sanye da baƙaƙen tufafi da baƙin ɗankwali. Tun da an kwashe duk abin da zai ɗauki ido, nauyin wasan gaba ɗaya sai ya koma kan murya da fuska. A fitowar da matar ke tafiya cikin barci tana ƙoƙarin wanke jinin da take gani a hannunta, Dench ta saki wani dogon kuka mai fitowa daga ƙirji, wanda ya nuna cewa matar da ta zuga mijinta ya yi kisa ita ce ta fara rushewa. Abin lura a nan shi ne ba ta nuna matar a matsayin dodo ba. Ta nuna ta ne a matsayin mace mai son mijinta, wadda son ya kai ta ga halaka.

A fagen majigi kuwa ta makara ƙwarai. Ta sha faɗa cewa tun tana matashiya wani mai shirya fim ya gaya mata fuskarta ba ta dace da fim ba. Sai da ta kai shekara 60 sannan duniya ta san ta, lokacin da ta fito a matsayin M, shugabar James Bond, a fim ɗin GoldenEye na 1995. Ta riƙe wannan matsayi har zuwa Skyfall na 2012. A 1997 ta fito a matsayin Sarauniya Victoria cikin takaba a Mrs Brown. Fitowarta a matsayin Sarauniya Elizabeth ta Ɗaya a Shakespeare in Love na 1998 ba ta wuce kimanin minti 8 ba, amma da ita ta ci kyautar Oscar. Bayan nan ta fito a matsayin marubuciya mai ciwon mantuwa a Iris (2001), da malamar makaranta mai mugun nufi a Notes on a Scandal (2006), da tsohuwa mai neman ɗan da aka raba ta da shi a Philomena (2013), da kaka a Belfast (2021). A 2012 ta bayyana cewa ciwon ido ya hana ta karatu sosai, sai dai a karanta mata rubutun ta haddace. Wato kunne da ƙwaƙwalwar da dandamali ya horar su ne suka ci gaba da riƙe ta bayan ido ya yi rauni.

4.3 Daso: Makarantar Adabin Baka

An haifi Saratu Giɗaɗo a ranar 17 ga Janairu, 1968. Ta fara fitowa a fim a shekarar 2000, a Linzami da Wuta na kamfanin Sarauniya da ke Kano, wato tana da shekara 32. A wannan shekaru yawancin taurarin mata na lokacin sun riga sun gama zangonsu. Ta fito a finafinai da dama, daga ciki akwai Nagari da Gidauniya da Mashi da Sansani, kuma ta ci gaba da aiki har zuwa rasuwarta a Kano a ranar 9 ga Afrilu, 2024, a ƙarshen watan azumi, tana da shekara 56.

Matsayin da aka fi sanin ta da shi shi ne na muguwar mace: kishiya mai makirci, ko uwar miji mai takura wa suruka, ko kishiyar uwa mai azabtar da marainiya, ko mai bin bokaye. Daso ba ta je makarantar koyon wasa irin wadda Dench ta je ba. Amma kuskure ne a ce ba ta da tushe. Duk wanda ya tashi a gidan Hausawa ya san waɗannan mata tun kafin ya ga akwatin talabijin, domin suna nan a tatsuniya, inda kishiyar uwa ke tura 'yar bora rafi mai nisa. Suna nan a waƙoƙin daka da niƙa, inda mace ke jifan kishiyarta da magana ba tare da ta kama suna ba. Suna nan a wasannin tashe irin su Mairama da Daudu, inda 'yan mata ke kwaikwayon zaman aure. A iya cewa adabin baka shi ne ya zame wa Daso abin da Shakespeare ya zame wa Dench, wato rumbun da ake ɗebo halaye da salon magana.

Za a iya kasa dabarun wasanta gida uku. Na farko shi ne murya. Tana iya fara zance a hankali, da lallashi kamar mai neman sulhu, sannan ta ɗaga murya farat ɗaya ta yanke maganar abokin wasa. Wannan hawa da sauka shi ke sa mai kallo ya kasa sakin jiki muddin tana cikin fitowa. Na biyu shi ne sarrafa harshe, musamman habaici da gatse da baƙar magana. Habaici yana buƙatar a san inda za a ja kalma da inda za a yi shiru, kuma a san wanda za a kalla lokacin da ake nufin wani. Daso ta ƙware a wannan. Na uku shi ne jiki: zare ido, da taɓe baki, da tafa hannu, da riƙe ƙugu, da shewa. Waɗannan duk alamomi ne da matan Hausawa ke amfani da su a faɗan tsakar gida, ita kuwa ta ɗauko su ta ƙara musu gishiri daidai yadda kyamara ke so.

Abin da ya fi bambanta ta da sauran masu fitowa a mugun matsayi shi ne ban dariya. Muguntar Daso takan zo da raha, har mai kallo ya sami kansa yana dariya alhali yana Allah wadai da abin da ake aikatawa. Wannan yana da amfani ga jigon wasa, domin mugun da ke ba da dariya ya fi zama a zuciya, kuma faɗuwarsa a ƙarshe ta fi gamsarwa. Amma yana da illa, domin wani lokaci dariyar kan rage nauyin zaluncin, har wahalar wadda ake zalunta ta koma abin nishaɗi.

4.4 Inda Suka Haɗu

Duk da nisan da ke tsakanin Landan da Kano, matan biyu sun yi tarayya a abubuwa uku. Na farko, babu wadda ta gina sunanta a kan kyan ƙuruciya, saboda haka tsufa bai ƙwace musu jari ba. Na biyu, dukansu ba su ji tsoron fitowa a matsayin da za a ƙi su ba. Na uku, dukansu sun dogara ne a kan murya da fuska, waɗanda ke isar da saƙo ko ga wanda harshen wasan ba nasa ba ne.

Wannan batu na uku ya fi fitowa fili idan aka dubi gari irin Zuru a Jihar Kebbi. Zuru ƙasar Lelna ce, waɗanda Hausawa ke kira Dakarkari, kuma suna da harshensu na C'lela da bukukuwansu irin su Uhola. Hausa ita ce harshen kasuwa da hulɗa tsakaninsu da maƙwabtansu, kuma ana kallon finafinan Hausa a gidajen Musulmi da na Kirista. Mai kallon da Hausa ta zame masa harshe na biyu yana iya kuskure wata karin magana ta Kananci, amma ba zai kuskure ma'anar harara da taɓe baki ba, domin kishi da rikicin suruka ba na Bahaushe kaɗai ba ne. Haka lamarin yake ga 'yan Nijeriya da suka kalli matar Macbeth a 1963. Turancin Shakespeare yana da wuya ko ga Bature, amma labarin mace mai tura mijinta neman sarauta ta hanyar jini ba ya buƙatar tafinta. Ke nan 'yar wasan da ta mallaki jikinta da muryarta tana da masu kallo fiye da iyakar harshenta, kuma yawan masu kallo yana daga cikin abin da ke tsawaita zango.

4.5 Inda Suka Rabu

Babban bambancin da ke tsakaninsu bai shafi baiwa ba, ya shafi abin da aka miƙa wa kowacce ta yi aiki da shi. Bayan ta wuce shekara 60, Dench ta fito a matsayin sarauniya, da shugabar 'yan leƙen asiri, da marubuciya, da malama, da talaka mai neman ɗanta, kuma a da yawa daga cikinsu labarin nata ne. Daso kuwa, ko da yake ta fito a wasu matsayi na kirki da na barkwanci, masu shirya fim sun fi kiran ta idan suna neman wadda za ta hana masoya aure. A irin wannan tsari dattijuwa ba ta da labarin kanta. Ita shinge ce kawai da saurayi da budurwa za su tsallake. Ba a cika tambayar abin da ya mai da ita muguwa ba, ko talauci ne, ko tsoron a kore ta daga gida, ko zaluncin da ita ma aka yi mata tana amarya. Wannan kuwa ita ce irin tambayar da wasan Macbeth ya ba Dench damar amsawa. Laifin a nan na marubuta ne da masu zuba jari, waɗanda ke maimaita abin da ya taɓa karɓuwa a kasuwa.

Bambanci na biyu shi ne rashin tsayayyar ƙungiya. Dench ta yi shekaru a Old Vic da ƙungiyar Royal Shakespeare da gidan wasa na ƙasa a Landan, inda ake makonni ana gwaji kafin a nuna wasa, kuma ƙanana ke koyo daga manya. A masana'antar finafinan Hausa, sau da yawa a wurin ɗauka ne ake gaya wa ɗan wasa abin da zai faɗa. Wannan ya sa 'yan wasa irin Daso suka ƙware wajen ƙirƙirar magana nan take, abin da ya cancanci yabo. Sai dai duk wanda aka ce ya ƙirƙira cikin gaggawa, abin da ya saba da shi zai koma wa, daga nan kuma maimaici ke shigowa.

Bambanci na uku shi ne yadda al'umma ke kallon 'yar wasa. A 1988 aka ba Dench lambar girma ta Dame a ƙasarta. A ƙasar Hausa da maƙwabtanta kuwa, wasu masu kallo ba su raba 'yar wasa da matsayin da ta fito a ciki. Misalin Zalika Souley ta Jamhuriyar Nijar ya isa shaida. Ta fito a matsayin kishiya mai zafin kishi a Le Wazzou polygame na Oumarou Ganda, fim ɗin da ya ci babbar kyautar bikin FESPACO a 1972, amma irin waɗannan fitowa sun jawo mata tsangwama a gida, kamar yadda Rahmatou Keïta ta nuna a fim ɗin da ta shirya a kan rayuwarta. Duk macen da ta yarda ta riƙa fitowa a mugun matsayi shekara da shekaru ta san tana saka mutuncinta a kasada. Yadda Daso ta jure wannan, ta kuma ci gaba da sana'arta tana da aure, ya nuna cewa aure da wasa ba dole ne su kori juna ba. Irin alhinin da aka nuna lokacin rasuwarta ya tabbatar da cewa a ƙarshe masu kallo sun gane bambancin Saratu da matan da take kwaikwaya.

4.6 Naɗewa

A wannan babi an ga cewa abubuwa uku ke tsawaita zangon 'yar wasa: ƙwarewa a murya da jiki, da wurin da za ta koya ta kuma yi kuskure, da marubutan da za su ci gaba da rubuta mata matsayi bayan ƙuruciya ta wuce. Judi Dench ta sami duka ukun. Saratu Giɗaɗo ta sami na farko ne daga adabin baka da ƙoƙarin kanta, sauran biyun kuwa ba ta same su yadda ya kamata ba, amma duk da haka ta yi shekara 24 ana neman ta. Saboda haka ana iya cewa abin da fim ɗin Hausa ya gani daga gare ta wani ɓangare ne kawai na abin da za ta iya. Ya rage ga sassan koyar da Hausa da wasan kwaikwayo a jami'o'i su ɗauki habaici da tatsuniya da tashe a matsayin darussan horar da 'yan wasa, ya kuma rage ga marubuta su ba dattijuwa labarin kanta. A babi na gaba za a dubi yadda finafinai masu dogon zango, waɗanda ake nunawa kashi-kashi a talabijin da intanet, suka shafi matsayin iyaye mata a wasan Hausa.